Aikin adana tsofaffin hotunan talabijin da ba da lasisinsu: ta ina ake kama shi?

Ɗalibar Jarida:
Assalamu alaikum manyanmu. Tambayata a kan masu aikin taskar talabijin ne, wato waɗanda ke kula da tsofaffin kaset-kaset na labarai da shirye-shirye, suna kuma ba masu haɗa dokumentari izinin amfani da su a biya kuɗi. Wannan sana'a ɗaya ce ko biyu? Wanda yake son shiga, me zai fara koya: na'ura, kwamfuta ko doka? Don Allah a faɗi abin dalla-dalla, ba a dunƙule ba.

Tsohon Injiniya:
Wa alaikumus salam 'yata. Fara da na'ura, domin ita ce ke mutuwa. Mutane suna ɗauka kaset ne ke gab da ƙarewa, alhali abin da zai kunna shi ne ya fi kusa da kabari. Sony ya daina sayar da na'urorin dangin Betacam a 2016, a shekarar kuma kamfanin Funai ya ƙera na'urar VHS ta ƙarshe. Duk wadda ke aiki yau da sassan wata matacciya take rayuwa.

Ki haddace zuriyar, don da ganin kwali ki san abin da ke hannunki. Faifan inci 2 na Ampex ya fito a 1956, babban nadi ne mai nauyi. U-matic na Sony, mai faɗin inci uku bisa huɗu, 1971. Faifan inci 1 nau'in C ya mamaye tashoshi daga ƙarshen shekarun 1970. Betacam 1982, Betacam SP 1986, Digital Betacam 1993, sai ƙananan dangin DV daga 1995. Kafin duk waɗannan su shiga hannun 'yan rahoto, labarai da fim ɗin milimita 16 ake ɗauka, sau da yawa sautin yana kan wani nadi daban. Idan nadin sautin ya rabu da na hoton, kin samu minista yana motsa baki ba a jin komai.

Ma'ajin Taska:
Malam Injiniya, ban ƙi taka ba, amma ba zan tura sabon shiga ga na'ura ranar farko ba. Aikin farko ƙidaya ne. Kowane kaset a ba shi lamba wadda ba za ta maimaitu ba, a manna a jikin kaset da jikin kwalinsa, a ɗauki hoton duk rubutun da ke kai, har da takardar da aka cusa ciki. Wannan 'yar takardar wani lokaci ita kaɗai ce shaidar wanda ya ɗauki hoton da ranar da aka ɗauka. Sannan a rufe hanyar sake naɗa: a U-matic jan maɓalli ne a ƙasan kaset, a cire shi, a Betacam a danna jan makullin ciki, a VHS a ɓalle harshen roba. Yatsa ɗaya ya zame kan maɓallin naɗa, abin da aka yi shekara arba'in ana ajiya ya tafi.

Wanda bai san abin da ke rumbunsa ba, da wane ma'auni zai zaɓi abin da za a fara ceto?

Tsohon Injiniya:
Na karɓi gyara, Malam Ma'aji. To bayan ƙidaya sai dubawa, kuma da hanci ake farawa kafin ido. Kaset mai warin kakin zuma ko warin tsohuwar safa, ki yi zargin gam ɗinsa ya lalace. Bayanin shi ne: zaren kaset leda ce aka shafa wa garin maganaɗisu, wani irin gam ne ke riƙe garin. Gam ɗin yana shan danshin iska a hankali har ya yi danƙo. Idan aka kunna shi a haka, za ki ji ƙara kamar kukan ɓera, hoto ya fara yayyafi, cikin minti biyu ko uku kawunan na'ura masu karanta zaren su toshe, baƙin datti ya taru a kan sandunan da zaren ke bi. Abin da ya goge ɗin nan hoton ne kansa, ba ya dawowa. U-matic da faifan inci 1 na shekarun 1970 da 1980 su suka fi fama da wannan.

Maganin wucin gadi gashi ne. Ana sa kaset a na'urar ɗumama ta ɗakin gwaji mai riƙe zafi daidai, a tsakanin digiri 50 zuwa 55 a ma'aunin Selshiyas, daga sa'a 8 zuwa kwana guda, mai taurin kai har kwana biyu. A bar shi ya huce da kansa kamar kwana ɗaya, sannan a kwafe shi cikin 'yan kwanaki, domin danshin zai koma.

Mai Shakka:
Yallaɓai, a gasa kaset kamar nama? Ashe ko tanda ta girki ma za ta yi.

Tsohon Injiniya:
Kada ka kuskura, ɗana. Tandar girki zafinta hawa da sauka yake, ka sa ta a 55 ta zarce 80 kafin ta dawo, roba ta lanƙwashe. Kuma ba kowane abu ake gasawa ba. Fim ba a gasa shi sam. Tsohon zaren sauti mai gindin asitet ma haka, zafi ƙarasa shi yake. Wanda ya yi hunhuna kuwa keɓe shi ake, a busar da shi a ɗaki mai ƙarancin danshi har hunhunar ta kwanta, a sa takunkumi da safar hannu a tsotse ta da injin shara mai matatar HEPA. Ka sa mai hunhuna a na'ura, ka raba wa duk kaset ɗin da zai biyo baya.

Shi fim cutarsa daban ce. Asitet idan ya fara ruɓewa yana fitar da tsami, ka buɗe gwangwani ka ji warin binega. Akwai 'yan takardun gwaji da ake kira A-D, na cibiyar Image Permanence Institute da ke Rochester a Amurka: shuɗiya ce, tana rikiɗa zuwa kore, sannan rawaya, gwargwadon tsamin. Mai warin a raba shi da sauran, a kai shi sanyi. Fim yana son sanyi har na daskarewa, amma kaset kada a sauke shi ƙasa da digiri 8, man da ke jikin zaren yana iya fitowa. Ɗakin kaset ya zauna wajen digiri 15 zuwa 18, danshi kashi 30 zuwa 40 cikin 100, kuma rashin canzawa ya fi lambar kanta muhimmanci. A jera su a tsaye kamar littattafai. Wanda aka ɗauko daga sanyi ya kwana a ɗakin aiki kafin a kunna, in ba haka ba raɓa ta kwanta masa ya manne da gangar na'ura, wato ƙarfen da ke juyawa ɗauke da kawunan.

Editan Bidiyo:
Baba, ni a wajen kwafewa nake ganin ɓarna. Mutum ya sayi 'yar na'urar USB, ya jona, ya fitar da MP4, ya ce ya adana. Me ya kamata layin ya ƙunsa?

Tsohon Injiniya:
Na'urar kunnawa, sai mai daidaita sigina da ake kira TBC idan na'urar ba ta da shi a ciki, sai mai juya sigina zuwa dijital, sai katin kamawa a kwamfuta. A gefe kuma na'urorin awo biyu, ɗaya na haske ɗaya na launi. Yawancin kaset ɗin tasha suna farawa da sandunan launi da ƙarar kilohaz 1. Da su ake saita komai: fari a PAL, wato tsarin siginar talabijin mai firam 25 a daƙiƙa, ya tsaya a milibolt 700, launuka su faɗa cikin akwatunansu a allon awo. Amma kada a yarda da sanduna ido rufe, wani lokaci an naɗe su ne a wata na'ura daban, don haka a leƙa cikin shirin a tabbatar fari bai ƙone ba.

Tarkuna biyu da ke kama ko ƙwararru. U-matic na ƙasashen PAL yana da ƙaramin zango da babban zango. Ka sa na babba a na'urar ƙarami, launi ya ɓace, ka yanke wa kaset hukuncin lalacewa alhali lafiyarsa ƙalau. Betacam SP kuma layin sauti huɗu gare shi, amma na'urori masu sauƙin kuɗi na jerin UVW biyu kaɗai suke karantawa. Idan sautin wurin da abin ya faru yana layi na uku da na huɗu, an bar shi a baya ba wanda ya sani.

A goge kawuna da sinadarin isopropyl mai kashi 99 da ƙyalle marar gashi, a kwance, ba sama da ƙasa ba, domin kan yana karyewa. Tayar robar da ke matse zare idan ta yi ƙyalli ta taurare a canza ta, ita ce ke tauna gefen zare.

Ma'ajin Taska:
Sai maganar fayil. Uwar kwafi, wato fayil na asali da ake adanawa, ba a matse ta da hanyar da ke zubar da bayani. Sa'a ɗaya ta PAL, 720 da 576, bit 10, ba matsi, tana cin kusan gigabait 100. Idan aka matse ta da tsarin FFV1 cikin fayil nau'in Matroska tana sauka ƙasa da rabin haka ba tare da an rasa ko ɗigo ɗaya ba, kuma tsarin a buɗe yake, an wallafa ƙa'idarsa a 2021. Ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka shi JPEG 2000 cikin MXF ya daɗe yana yi. Dangin DV kuwa tun asali dijital ne, a jawo su yadda suke ta wayar FireWire, gigabait 13 a sa'a, kada a bi da su ta analog.

Editan Bidiyo:
A nan zan ja da kai, Malam. FFV1 ba ya buɗuwa kai tsaye a yawancin manhajojin tace bidiyo. Tsarin matsi na ProRes 422 HQ bai kai gigabait 30 a sa'a ba a wannan girman, ido ba ya ganin bambanci, kuma shi mai saye ke nema. Don me za a wahalar da kai?

Ma'ajin Taska:
Ai ba a hana ka ProRes ba, ƙanena. Fayil uku ake yi: uwa, wadda ba a taɓawa, na aiki, shi ne ProRes ɗinka da ake tura wa mai saye, sai ƙarami na dubawa, H.264 mai tambari. Daga uwa ake haifar sauran da manhajar ffmpeg a duk lokacin da aka so. Abin da ya sa na nace shi ne kaset mai ciwo sau ɗaya yake ba ka dama. Idan a wannan karon ka zubar da bayani, nan da shekara ashirin da ingantacciyar hanyar gyara ta zo, ba inda za ka koma. ProRes kuma mallakin Apple ne. Amma taskar da kuɗinta bai kai ba, na gwammace ta yi ProRes yau da ta zauna jiran abin da ba zai zo ba har kaset ɗin su mutu.

Abin da ba zan sassauta ba: kada a haɗe rabin-rabin firam a uwar kwafi. Talabijin na da kowane firam kashi biyu ne da ake saƙawa, 50 a daƙiƙa a PAL. Ka haɗe su ka jefar da rabin motsin. Kuma a rubuta wanne ke gaba daidai, domin kwafin PAL da aka saba na sama ne farko, DV kuma na ƙasa. A juya su, hoto ya riƙa karkarwa duk sanda kyamara ta motsa.

Bayan kamawa a duba fayil da manhajojin QCTools da MediaInfo, a fitar masa da hatimin MD5 ko SHA-256 nan take, wato lambar da ke nuna ko fayil ya canza daga baya. Kwafi uku, a kan abu iri biyu, ɗaya a wani gini mai nisa. Gobarar rumbun ajiyar kamfanin fina-finai na Universal ta 2008 ta isa darasi. Kaset ɗin ajiyar bayanan kwamfuta na LTO-8 yana ɗaukar terabait 12, LTO-9 kuma 18, amma a lura: na'urar na 8 da ta na 9 tsara ɗaya kaɗai suke karantawa a baya. Don haka ƙaura daga tsara zuwa tsara aiki ne da ba ya ƙarewa, a sa shi a kasafi tun farko.

Mai Shakka:
A yi mana lissafi mu gani. Taska mai sa'a 5,000 fa?

Ma'ajin Taska:
Wurin ajiya ba shi ne matsala ba. Ka ɗauka gigabait 45 a sa'a, terabait 225 ke nan, kaset 13 na LTO-9 a kowane kwafi. Lokaci ne abin tsoro. Analog ba a saurinsa, sa'a ɗaya sa'a ɗaya ce. Da gogewa da saitawa da dubawa, idan na'ura ɗaya ta ba ka sa'a 5 a yini ta yi ƙoƙari. Ranar aiki 1,000 ke nan, shekara huɗu, in ba ta lalace ba. Shi ya sa taskar fim da sauti ta Ostireliya ta fitar da gargaɗi tun 2015 cewa abin da ba a kwafe ba zuwa 2025 yana cikin haɗarin salwanta. Dole a zaɓa: wanda ba shi da kwafi a ko'ina, kuma nau'insa ya fi rauni, shi ne a gaba. Ɗanyen ɗauka da ba a tace ba ya fi shirin da aka watsa daraja a kasuwa, domin ba rubutu a kansa, ba kiɗa, ba muryar mai gabatarwa.

Hajiya Mai Bincike:
Kun yi ta maganar ceto, ni bari in yi ta mai saye. Hoton da ba a iya nemo shi ba, da shi da babu duk ɗaya. Kwalin da aka rubuta wa "Taro, kaset na 3" ba ya sayuwa. Mai bincike yana da kwana biyu ya kawo wa darakta abin da ya nema, taskar da ta amsa da lambar lokaci ita ke cin ciniki.

Bayanin da ke aiki shi ne na ɗauka bayan ɗauka. Misali: 10:04:12 zuwa 10:04:31, hoto daga nesa, jirgi yana sauka, rana, ba magana. 10:04:31 zuwa 10:05:02, kusa, shugaba yana saukowa daga matakala, sautin wuri. A rubuta wane ne, ina ne, yaushe, wa ya ɗauka, da launi ko babu. Ranar ɗauka daban, ranar watsawa daban, kowacce da gurbinta. Sunan da ake rubutawa iri uku a zaɓi ɗaya, sauran a jera su ƙarƙashinsa. Abin da ba a tabbatar ba a sa masa alamar tambaya, kada a cike gurbi da zato, domin kuskuren taska yana shiga fim, daga fim ya shiga littafi. Akwai tsare-tsaren rubuta bayani da aka riga aka gina, PBCore da EBUCore, ba sai an ƙirƙiro sabo ba.

'Yar uwa mai tambaya, wannan ita ce ƙofar da ta fi sauƙin shiga, kuma wanda ya san tarihi da fuskokin mutane da harsuna ya fi injiniya amfani a nan. Manhajar mayar da magana rubutu tana rage wahala, amma ba za ta gaya miki wane ne na uku daga hagu ba.

Barista:
Na yi shiru ne har a zo gonata. Duk abin da aka faɗa kashe kuɗi ne. Kuɗin shiga yana rataye da tambaya ɗaya: wa ke da haƙƙin? Riƙe kaset ba mallakar hoton ba ne. Misalin da ya fi fitowa fili shi ne fim ɗin daƙiƙa 26 da Abraham Zapruder ya ɗauka na kisan Shugaba Kennedy a 1963. A 1999 aka yanke cewa gwamnatin Amurka ta biya iyalansa dala miliyan 16 kuɗin fim ɗin kansa, amma haƙƙin mallaka bai bi shi ba, iyalan suka ba gidan tarihi na Sixth Floor da ke Dallas. Abu yana wuri ɗaya, izini yana wani.

Ɗauki labaran dare guda na minti 30. Abin da ma'aikatan tasha suka ɗauka na tasha ne. Rahoton ƙetare na kamfanin dillancin labarai ne, an ba tasha izinin watsawa ne kawai. Ƙwallo ta hukumar gasar ce. Hoton da aka nuna a bayan mai karanta labarai na wani mai ɗaukar hoto ne. Kiɗa kuwa haƙƙi biyu ne a kansa, na wanda ya tsara da na wanda ya mallaki naɗin. Wasan kwaikwayo ya fi wannan sarƙaƙiya, domin kwantiragin 'yan wasa na da sau da yawa watsawa ɗaya ko biyu ya ƙunsa. Saboda haka kabad ɗin tsofaffin kwantiragi da takardun shiri ɓangare ne na taskar, a kwafe su kamar yadda ake kwafe kaset.

Ɗalibar Jarida:
Barista, to idan hoton ya tsufa sosai ba ya zama na kowa?

Barista:
Yana zama, amma ƙasa ƙasa ce. Yarjejeniyar Berne ta sa mafi ƙaranci: rayuwar mawallafi da shekara 50, fim kuma shekara 50 daga fitowarsa. Yarjejeniyar Rome ta 1961 ta ba siginar watsawa aƙalla shekara 20, ƙasashe da dama sun ƙara a kan waɗannan. Abin da ya kuɓuta a wata ƙasa yana iya zama a ɗaure a wata, kuma fim ɗin da zai hau intanet duniya duka zai shiga. Ayyukan gwamnatin tarayyar Amurka, irin hotunan NASA, ba su da haƙƙin mallaka a can. Ko a irin wannan, taska tana iya cajin kuɗin nemowa da kwafewa, sai dai ta faɗa a fili cewa kuɗin hidima ne, ba na haƙƙi ba.

Lasisi kansa ƙafa uku gare shi: kafa, yanki, wa'adi. Wace kafa: talabijin, silima, manhajojin kallo, bikin fina-finai, aji? Wane yanki: ƙasa ɗaya, nahiya, duniya? Shekara nawa: 5, 10, ko har abada? Kowace ƙafa ta faɗaɗa, farashi ya hau. A kuma rubuta cewa don wannan shiri ɗaya ne, ba na keɓe ba ne, ba a sayar wa wani, talla da tirela lissafinsu daban. A ƙara sakin da ke ɗora wa mai saye wanke haƙƙin wasu da ke cikin hoton, wato neman izininsu, da yadda za a rubuta sunan taska a ƙarshen shiri. Yanzu kuma dole a faɗi matsayin horar da ƙirƙirarriyar basira da hoton, an yarda ko an hana, kada a bar shi a buɗe.

Hajiya Mai Bincike:
Wa'adi ɗin nan shi ne ramin da masu ƙaramin kasafi ke faɗawa. Eyes on the Prize, shirin tarihin gwagwarmayar baƙaƙen fata na Amurka da aka fara nunawa a 1987, ya yi shekaru ba a iya watsa shi saboda lasisin hotuna da waƙoƙinsa sun ƙare. Sai da aka tara kuɗin tallafi aka sake wanke su, ya dawo a 2006. Arha ta ranar farko ita ta zama tsada.

Ga yadda ciniki ke tafiya. Mai saye ya aiko da buƙata. A tura masa kwafin dubawa mai tambari, lambar lokaci tana gudu a kan hoton. Ya yi tacewarsa da shi. Idan ya kulle shirin, ya aiko da jerin inda kowace ɗauka ta fara da inda ta tsaya. A lissafa, a sa hannu, a biya, sannan a saki mai tsabta, da ɗan rarar daƙiƙa biyu ko uku gaba da baya. Kada mai tsabta ya fita kafin sa hannu, ko da wa ya roƙa. Wasu taskoki da daƙiƙa suke caji tare da mafi ƙarancin adadi, misali 30, wasu da minti. Wanda ya ɗauki daƙiƙa 19 a irin wannan tsari zai biya 30. Abin da ake ƙirgawa shi ne tsawon da ya bayyana a allo: aka rage gudun hoton ya ninka, ko aka maimaita shi sau biyu, lissafi ya ninka. A kuma tambayi tsarin mai saye tun farko, domin lambar lokaci ta firam 25 ba ta daidaita da ta 29.97 ta tsarin Amurka, jerin ya zame a tura masa abin da bai nema ba.

Editan Bidiyo:
Masu saye yanzu 16:9 suke so, wasu har 4K. A yanka sama da ƙasa ne, ko a bar manhaja ta ƙara masa kyau?

Tsohon Injiniya:
Taska ta ba da 4:3 cikakke. Ka yanka shi ya cika faffaɗan allo, rubu'in tsayinsa ya tafi, layi 576 ya koma 432, kawunan mutane ko rubutun ƙasa su ɓace. Wannan shawarar darakta ce, ya yi ta a ɗakinsa.

Hajiya Mai Bincike:
Ƙara kyau da ƙirƙirarriyar basira kuwa, ni ina da ja. Ba tono abin da ke ɓoye take yi ba, ƙirƙira take: haƙora, rubutun allo, fuskar wanda ke can baya. A shirin nishaɗi da sauƙi. A hoton da wata rana zai zama hujja, wannan ƙari ne a kan shaida.

Editan Bidiyo:
Hajiya, amma tashoshi suna mayar da shiri idan hoton bai kai ma'auninsu ba. Kuma goge ɗigo da daidaita launi ma ai taɓawa ne. Ina iyakar?

Barista:
Iyakar a takarda ake shata ta. Gyaran lahani an yarda. Sanya launi, ƙara abin da babu, ko sa wa mutum maganar da bai yi ba, sai da izini a rubuce, kuma a sanar da mai kallo. Uwar kwafi dai ba a taɓa ta, kowane gyara sabon fayil ne mai sunansa.

Mai Shakka:
Duk wannan wahala, alhali komai yana YouTube kyauta. Anya sana'ar tana da gobe?

Hajiya Mai Bincike:
Ganin abu a YouTube bai ba ka izinin sa shi a fim ba. Mai rarraba fim ba zai karɓa ba sai da inshorar kurakurai, kamfanin inshora kuma sai ya ga takardar kowace daƙiƙa. Manyan taskokin ma da kansu suka zuba kayansu a can: British Pathé ta ɗora fina-finai 85,000 a 2014, kamfanin dillancin labarai na AP da British Movietone suka biyo baya a 2015. Baje koli ne, mai so ya gani ya zo ya biya. Amma gaskiya ɗaya: kuɗin lasisi shi kaɗai da wuya ya ɗauki nauyin adanawa, domin kaso kaɗan na taska ne ake ta nema, sauran suna jiran ranarsu. Shi ya sa irin INA, taskar rediyo da talabijin ta Faransa, wadda ta fara aiki a 1975, take tafiya da kuɗin gwamnati da na ciniki tare. Kuma ba wanda ya san abin da gobe za ta nema. BBC ta yi ta goge faifai tana sake naɗa a kansu har zuwa 1978, NASA ma a 2009 ta amsa cewa ga dukkan alamu an goge ainihin faifan saukar Apollo 11 an sake amfani da su.

Ɗalibar Jarida:
Na gode ƙwarai. To a taƙaice me zan sa a gaba cikin wata shida na farko?

Ma'ajin Taska:
Ki koyi ffmpeg da MediaInfo da QCTools, duk kyauta ne. Ki ɗauki bidiyon da ba shi da haƙƙin kowa na minti 20 ki rubuta masa bayanin ɗauka bayan ɗauka, shi ne abin da za ki nuna wa mai ɗaukar aiki. Ki karanta jagororin IASA, ƙungiyar taskokin sauti da bidiyo ta duniya, suna intanet. Ki bi FIAT/IFTA, ƙungiyar taskokin talabijin da aka kafa a 1977, da AMIA ta masu adana fim da bidiyo, da FOCAL International ta ɓangaren ciniki. Mai son digiri akwai kwas a Jami'ar New York da Jami'ar Amsterdam.

Barista:
Ki ƙara da karanta dokar haƙƙin mallaka ta ƙasar da za ki yi aiki, sashen wa'adi da sashen abin da aka halatta ba izini. Sharuɗɗan lasisin manyan taskoki suna shafukansu, ki sauke uku ki jera su ki ga inda suka saɓa.

Tsohon Injiniya:
Kuma duk inda kika ji za a zubar da tsohuwar na'ura, ko matacciya ce, a karɓe ta da littafin gyaranta da wayoyinta. Gangar kai ita ce ba a samu. Na'urorin Betacam suna da agogon da ke ƙirga sa'o'in da gangar ta yi tana juyawa, yana cikin menu na gyara. Kafin a yi maganar komai da mai ita, wannan lambar za ki fara dubawa.